Diyyar Ƙafar Goggo

Bel ɗin keken ɗinkin Goggo bai tsinke ba. Na lura da haka a makon farko da ta koma shago bayan hatsarin, ranar da na kai mata abincin rana. Duk wanda ya shigo ya ga keken a lulluɓe, sai ta ce masa, "Bel ne ya tsinke, ina jiran mai gyara." Bel ɗin kuwa ga shi can rataye a ƙusa bayan ƙofa, an naɗe shi da kyau. Ni a gindin keken nan na girma, na san yadda tsinkakken bel yake: bakinsa a tattauje, 'yar ƙugiyar da ke haɗe shi a buɗe. Wannan lafiyarsa lau, hannu ne kawai ya zare shi. Na ajiye kwanon, na gaishe ta, ban ta da maganar bel ɗin ba. Dama ba a san ni da magana ba.

Goggo yayar babana ce. Ita ta ɗauke ni bayan rasuwar mahaifiyata, saboda aikin babana na tafiye-tafiye ne. Sunan mahaifiyarsu aka sa mini, don haka ba ta kiran sunana, sai dai "Uwata", ko da kuwa faɗa take yi mini. A layin teloli kuwa Mai Almakashi ake ce mata, domin almakashinta a ɗaure yake da igiya a ƙugunta, kuma ba a taɓa jin ta ba wani aronsa ba. Ta fara ɗinki ne bayan mijinta ya rasu ya bar ta da tsohon keke da hayar ɗaki. Da wannan keken ta biya kuɗin makarantata tun daga firamare har na gama jami'a. Ba ta miƙa wa mutum kayansa da zare yana reto. In ta ce Laraba, Larabar ce, har sauran matan layin suna cewa tana ɓata wa teloli suna.

Hatsarin ya same ta ne tana dawowa daga sayen zif da shafi a bayan babur. Motar wani kamfanin rarraba kaya ta fito daga kwana ba tare da tsayawa ba, ta kwashe su. Mai babur ya tsira da ƙujewa. Ita kuwa gwiwarta ta dama ta farfashe, aka yi mata aiki aka sa ƙarfe. Direban bai gudu ba, shi ya kai su asibiti, kuma motar tana da inshora. Watanni ta yi tana kwance. Ɗan abin da ta tara ya tafi a magani da zirga-zirga, ga kuɗin hayar shago na shekara ya matso. Ƙaninsu, wanda nake kira Baba Ƙarami, har ya sa an share ɗaki a gidansa an yi masa fenti. "Yaya, ki dawo nan ki huta," in ji shi. "Kin yi iyakar yinki." Goggo ta leƙa ɗakin sau ɗaya, ta yaba fentin, ta fito. A hanya ta ce mini, "Uwata, ranar da na shiga ɗakin nan da kayana, ki fara yi mini addu'a." Idan diyyar ba ta fito yadda ya kamata ba, shagon ya tafi, ɗakin kuma yana nan yana jira.

Matan layin teloli suna da wani tsari da ba a rubuta shi ko'ina ba. In ɗaya ta kwanta ciwo ko ta haihu, ba a barin ƙofarta a rufe. Sauran za su karɓi mukulli, su buɗe da safe, su yi shara, su karɓi ɗinkin da aka kawo mata, su ɗinka bayan sun gama nasu, su zuba kuɗin a gwangwaninta. Kuma ba a faɗa wa mai kawo ɗinki. Dalilinsu shi ne, wanda ya zo sau biyu ya tarar da kwaɗo ba ya dawowa na uku, mai shagunan kuma idonsa yana kan duk ƙofar da ta daɗe a rufe. Haka suka yi wa Goggo. Mai Labule, wadda shagonta yake jikin nata, ita ta riƙe mukullin. Mace ce ƙatuwa, mai murya kamar lasifika. Mai Surfani, siririya mai tabarau, ita take yin yankan, don ita kaɗai ta yarda za ta iya kwaikwayon hannun Goggo. Abin da suke iya yi bai kai kashi ɗaya cikin uku na aikin da Goggo take fitarwa ba, amma ƙofa dai ba ta rufe ba.

To, ana cikin haka wani mutum ya zo layin, da farar riga da jaka a hannu, a ranar da na raka Goggo asibiti a duba ƙafar. Ya tsaya a ƙofar shagon yana tambaya ko an daɗe da rufe shi. Mai Labule ta dube shi sama da ƙasa, ta yanke cewa ɗayan biyu ne: ko ɗan aiken mai shaguna, ko wakilin wata makaranta mai neman wanda zai ɗinka kayan 'yan makaranta. Ko wanne ne, amsa ɗaya ce.

"Rufewa? Wane shagon? Malam, shagon nan ko rana ɗaya bai taɓa rufewa ba. Aiki ma har ya fi na da. Dubi kaya a rataye, duk na mutane ne."

"An ce mai shagon ta yi hatsari."

"Ɗan buguwa ne. Ai ƙarfe ce matar nan. Ke, Mai Surfani, ba jiya ta ɗinka riguna har da na amarya ba?"

Mai Surfani ta ce, "Har da na uwar amarya."

Mutumin ya yi godiya, ya rubuta, ya tafi. Da yamma suka ba mu labari suna tafawa, wai sun kora ɗan leƙen asiri.

Ma'aikacin kamfanin inshora ne. Mun gane haka ne ranar da aka kira mu ofishinsu, ni da Goggo da Baba Ƙarami. Ƙaramin ɗaki ne mai fanka a sama da kujerun roba, da teburin da aka shimfiɗa wa gilashi. Mutumin ya tashi ya gyara wa Goggo kujera, ya jawo wata don ta miƙe ƙafa. Ta ƙi. Ta jingine sandarta a bango ta zauna a gefen kujera, ƙafar a miƙe gefe guda kamar ba tata ba.

Ya yi bayani a tsanake, kuma na ga yana ƙoƙarin kada ya yi mana magana kamar yara. Kuɗin asibiti daban ne, wannan akwai rasit, ba gardama. Abin da ya rage shi ne asarar sana'a, ita kuma gida biyu ce. Na farko, abin da mutum yake samu a wata kafin hatsari, a ninka shi da watannin da ya yi bai yi aiki ba, a cire abin da ya shigo masa a wannan lokacin. Na biyu, idan raunin ya rage masa ƙarfin aiki har gaba, sai a duba nawa ya rage, da shekarun aikin da suka rage masa, da abin da zai buƙata don ya ci gaba da sana'a.

"To, Hajiya, a gida na farko, maƙwabtanki sun shaida mini shago bai rufe ba, ciniki ma ya ƙaru. A gida na biyu, takardar likita ta ce sai an gani, ni kuma da na kira ki a waya na tambaye ki jiki, kin ce kin warke sarai."

"To, me zan ce maka? Mutum ya gaishe ni da jiki, in zauna ina lissafa masa ciwo?"

"Ba laifi kika yi ba. Amma ni abin da aka faɗa mini shi nake rubutawa."

Ya juyo da takardar ya nuna mana adadin. Ko rabin kuɗin haya bai kai ba. Ya ce ba a rufe maganar ba, in akwai abin da bai sani ba ƙofarsa a buɗe take.

Muna fita Baba Ƙarami ya fara. "Kin ga irinta ko, Yaya? Ke da ƙawayenki kun ci kanku da baki. Yanzu ki saurare ni. Akwai mai keken guragu a bayan gidana, mu yi aro. Mu dawo ina tura ki, ki lanƙwashe wuya, kada ki ce uffan. In ya tambayi ciniki, ki ninka sau uku, su ai ragewa za su yi. Kowa haka yake yi."

Goggo ta tsaya cak a kan matakala. "Auta, ni za ka ɗora a keken guragu?"

"Na awa ɗaya fa."

"Ni da na goya ka, kana yi mini fitsari a baya, yau kai za ka tura ni a titi kamar buhun gawayi? In lanƙwashe wuya? Allah ya bar mini wuyana a miƙe, in je in lanƙwashe shi don kuɗin wani kamfani?"

"To, sai ki zo ki zauna a ɗakin."

"Ka zuba kaji a ciki."

Ya shiga motarsa yana ƙunƙuni. Mu kuma muka ƙi binsa, muka tsaya jiran motar haya a ƙarƙashin wata rumfa. Na daɗe ina juya maganar a bakina. Ni mutum ce da ko a aji in na san amsa sai in bari wani ya faɗa. Amma na ga ɗakin nan mai sabon fenti a idona.

"Goggo."

"Na'am, Uwata."

"Bel ɗin nan bai tsinke ba."

Ba ta juyo ba. Tana kallon motoci suna wucewa, hannunta a kan sanda. Har na fara da-na-sanin buɗe baki.

"Wa kika faɗa wa?"

"Ba kowa."

"To." Sannan ta ce, a hankali, ba da muryar da ta yi wa Baba Ƙarami ba, "Ranar da na koma, na riga kowa zuwa. Na zauna na ce bari in gwada. Gwiwar ba ta lanƙwasuwa ta shiga ƙarƙashin teburin. Na karkace na taka da hagu kaɗai, ɗinkin ya tafi kamar tafiyar maciji. Shekara talatin da wani abu, Uwata, ban taɓa fitar da layi irin wannan ba. Sai na cire bel ɗin."

Tun daga ranar yanka kawai take yi da sa maɓalli da kalmasar hannu. Ɗinkin keke kuwa Mai Labule take miƙa wa, da sunan kafin mai gyara ya zo.

Na ce, "Mutumin nan bai ce ki yi ƙarya ba. Abin da yake gaskiya ne bai sani ba."

"In faɗa masa, layi duka ya ji. A ce Mai Almakashi ta tashi daga aiki. Ke kin san abin da ake yi wa telar da aka ce ta gaza? Tausayinta ake ji. Ana kawo mata ƙyallen goge tebur ta kalmashe don a ba ta sadaka da dabara."

Mota ta zo. Na riƙe mata sanda ta shiga gaba inda za ta miƙe ƙafa. Kwana biyu maganar ba ta sake tasowa ba. A rana ta uku tana ɗaura ɗankwali ta ce, ba tare da ta dube ni ba, "Kira mini mai farar rigar nan. Ki ce ya zo shago da safe. Kada ki faɗa wa Auta."

Ya zo da hantsi, lokacin da layin ya cika da ƙarar kekuna. Mai Labule tana hango shi ta miƙe ta riƙe ƙugu.

"Ga ɗan leƙen asirin nan ya dawo! Malam, ba mun gaya maka ba? Shagon nan…"

"Ke, rufe mana baki," in ji Goggo. "Mai inshora ne. Bakinki ya kusa raba ni da shagon da kike gadi."

Mai Labule ta dafe ƙirji. "Na shiga uku. Shi ne bai faɗa ba? Malam, kai ma da naka. Mutum ya zo da jaka yana leƙe-leƙe kamar mai karɓar haraji!"

"Na fara faɗa, Hajiya," in ji shi, "ba ki bar ni na kai ƙarshe ba."

Mai Surfani ta tuntsire da dariya har ta cire tabarau. Kafin ka ce kwabo, matan layin sun taru a ƙofa, wasu da tef a wuya, wata da dutsen guga a hannu. Na zaci Goggo za ta kore su ta saki labule. Sai ta ce, "Ku matso. Gara ku gani da idonku, kada gobe a ƙara wa labarin gishiri. Uwata, miƙo bel ɗin nan."

Na ciro shi daga ƙusa. Ta yaye lulluɓin keken, ta sunkuya da ƙyar ta mayar da bel ɗin da kanta, ta juya ƙafar keken har ya hau. Mai Labule ta buɗe baki za ta yi magana, ta ga bel ɗin lafiya lau, ta rufe.

Goggo ta ɗauko wani farin ƙyalle mai tsawon kamu biyu, ta ninka, ta sa a ƙarƙashin allura. Ta zauna. Ta kama gwiwar dama da hannu biyu tana neman tura ta ƙarƙashin tebur, gwiwar ta tsaya a inda ƙarfen ya ce ta tsaya. Ta karkace, ta ɗora hagu a kan feda, wato matakin keken, ta tura ƙafar keken da tafin hannu.

Abin da har yau ban manta ba shi ne, ba ta rage komai ba. Wani a wurinta zai taka sau biyu ya tsaya ya yi nishi, tunda dama abin da ake so a nuna ke nan. Ita kuwa da dukkan ƙarfinta ta taka, kamar akwai amarya a waje tana jiran rigarta. Keken ya ɗauka, ya yi ƙara irin tasa ta da, ƙyallen ya fara tafiya. Gumi ya tsattsafo mata a goshi. Wajen taƙi ɗaya layin ya tafi a miƙe. Daga nan ƙugunta ya fara rawa saboda karkacewar, ƙafar hagu ta rasa abokiyar mayar da feda, keken ya koma baya ya cukurkuɗe zare. Ta warware, ta sake. Ya ƙara yi. Ta sake. A karo na uku ta kai ƙarshen ƙyallen, ta yanke zaren da almakashinta, ta miƙa wa mai inshora.

"Ga shi. Iyakar abin da ƙafar nan za ta iya ke nan yau. Wancan kuma," ta nuna wata riga da ke rataye tun kafin hatsarin, "shi ne abin da take yi da. Ka rubuta abin da ka gani. Kada ka ƙara, kada ka rage."

Mai Labule ta fara jan hanci.

"Wallahi kika yi mini kuka a shago sai na yanke miki gefen zani," in ji Goggo.

"Wa ya ce kuka nake? Ƙurar yadinki ce, ba kya shara."

Mai inshora ya juya ƙyallen gaba da baya, ya duba rigar, ya nemi izinin ɗaukar hotonsu. Ya ce zai sake tura ta wurin likitan ƙashi ya auna iyakar lanƙwasuwar gwiwar a rubuce. Sannan ya jawo benci ya zauna, ya ce saura gida na farko: nawa take samu a wata kafin hatsarin?

Nan fa ake yin ta. A layin nan za a ci abinci kwano ɗaya, a yi jinyar juna, a riƙe wa juna mukulli, amma ba wadda ta taɓa faɗa wa 'yar'uwarta cinikinta. In ka tambayi tela kasuwa, "Mun gode Allah" za ta ce, ko tana ɗinki har hannu ya ƙage, ko tana korar ƙuda. Goggo kuma ba ta rubuta komai, ba ta ajiya a banki.

Ya ce ba damuwa, ana samun haka. In ba takarda, sai a ji daga bakin mai sana'a, a gwada da na masu irin sana'arta a wuri ɗaya. Zai tambayi biyu ko uku.

"A gaban mutane?" in ji Mai Surfani.

Ƙarshenta sai bayan shago ya koma da bencinsa, kusa da inda ake hura gawayin guga, suna zuwa ɗaya bayan ɗaya suna raɗa masa a kunne. Mai Labule ma, wadda ake jin muryarta daga bakin titi, raɗa ta yi, tana waige-waige. Da ya dawo ya rufe takardar da hannu ya nuna wa Goggo matsakaicin abin da ya samu.

Ta duba ta yamutsa fuska. "Da wa ka auna ni?"

"Ba zan faɗa ba, Hajiya."

"Ba sai ka faɗa ba. Wannan lissafin masu ɗinka labule ne. Layi huɗu a miƙe, an gama. Ni riga nake ɗinkawa, mai wuya da hannu da shafi."

"Ji ta!" in ji Mai Labule daga ƙofa. "Labulen ne ya riƙe miki shago, mara godiya."

Sai Goggo ta sa shi ya zauna, ta bi masa shekara wata-wata, murya ƙasa-ƙasa. Lokacin komawa makaranta ga riguna nawa take fitarwa a mako da kuɗin kowace. Lokacin bukukuwan aure ga yadda yake. Ta kuma faɗa masa watannin da kasuwa take mutuwa, waɗanda in ta samu na zare da na cefane ta gode. Ya cire kuɗin zare da shafi da gawayi da haya. Adadin da ya fito ya ɗara na maƙwabtanta, bai kai ko kusa da ninkin Baba Ƙarami ba. Ya ce ya yarda da shi, don ya zauna daidai da abin da ya ji a bayan shago.

Da ya zo cire abin da ya shiga gwangwani lokacin da take kwance, Goggo ta ɗaga hannu.

"Tsaya. Wannan kuɗin ba ƙafata ce ta taka shi ba. Ƙafafun waɗannan ne. Sun bar nasu aikin sun yi nawa. In za ka cire shi daga nawa, to, wa zai biya su?"

Ya ɗan yi tunani, ya ce tana da hujja. Idan mai rauni ya sa wani ya riƙe masa aiki, ladan wannan mutumin yana cikin asarar da hatsarin ya jawo, ana sa shi a lissafi. Sai dai su faɗi ladan ɗinkin da suka yi, su sa hannu.

Nan rigima ta tashi, wadda ta fi ta farko.

"Lada?" in ji Mai Labule. "Ni Mai Almakashi za ta biya lada? Lokacin da na haifi 'yan biyu wa ya riƙe mini shago? Nawa na biya ki?"

"Wancan Allah ne ya kawo. Wannan mota ce ta kawo, motar kuma tana da mai ita."

"Ba zan karɓa ba."

"Sai kin karɓa. Ba kuɗina ba ne, na kamfani ne. Ke kike tausayin kamfani?"

Mai Surfani ce ta raba gardamar. Ta ce a rubuta, a karɓa, a zuba a gefe, duk wadda ta kwanta nan gaba a saya mata magani da shi. Mai Labule ta sa hannu tana mita, wai ita tunda take ba a taɓa sa ta ta sayar da zumunci ba.

Kuɗin bai fito da wuri ba. An koma wurin likita, an sake kiranmu ofis, an rage wani abu a gida na biyu saboda shekarunta. Baba Ƙarami da ya ji adadin ya ce da an bi shawararsa da yanzu ana maganar sayen shagon ne gaba ɗaya. Wataƙila gaskiyarsa ne. Abin da ya fito dai ya biya hayar shekara, ya mayar da wani abu daga cikin abin da jinya ta cinye, ya kuma sayi ƙaramin injin lantarki da ake ɗaura wa keke, mai ɗan mataki da ake ajiyewa a ƙasa duk inda ƙafa ta ga dama. Ɗakin mai fenti yanzu buhunan siminti ne a ciki.

Ranar da mai gyara ya zo ya ɗaura injin, ina shagon. Ya ajiye matakin a gefen hagu, ya ce ta taɓa a hankali, ba a taka shi kamar feda. Goggo ta ce ta ji. Ta sa ƙyalle, ta taka kamar yadda ta saba. Keken ya zabura, ƙyallen ya fice ta baya ya faɗi ƙasa.

"Sannu direba!" in ji Mai Labule ta jikin bango. "A hankali, kada ki kaɗe wani, ba ki da inshora!"

Goggo ta ɗauko ƙyallen daga ƙasa. Ta yi ta gwadawa a kan ƙyallaye har azahar, tana sauraron injin, tana koya wa ƙafar hagu sauƙin hali. Bayan ta yi salla ta jawo aikin farko, siket ɗin makaranta na wata yarinya da uwarta za ta zo karɓa da yamma. Ta ɗinka gefe ɗaya, ta ɗaga shi wajen hasken ƙofa ta duba. Ni ban ga komai ba. Ita ta ga inda layin ya ɗan kauce kusa da ƙugu. Ta zaro reza daga gwangwanin maɓallai, ta farke shi tun daga sama, ta tsince zaren ɗaya bayan ɗaya, ta mayar da siket ɗin ƙarƙashin allura.